'Yar Farin Rakiyya

Zana ɗaya ce tsakanin gidana da na Rakiyya, a ƙauyenmu na bayan Ɗanzomo, don haka babu abin da zai dahu a tukunyarta ban ji ƙamshinsa ba. Ni ce Fadimatu. An san ni da baki a garin nan, ban kuma taɓa musu ba. Ita kuwa Rakiyya, in ka ga ta yi magana biyu a jere, to ranar an yi sa'a.

Shekara uku 'yarta Ummulkhair ta yi ba ta gida, kuma ko sau ɗaya ban ji Rakiyya ta ce tana kewarta ba. Ba za ta ce ba, don 'yar fari ce. A wurinmu uwa ba ta kiran sunan ɗan farinta, ba ta yi masa wasa a gaban mutane, ba ta nuna ta san yana duniya. "Yarinyar nan" take cewa, ita kuma yarinyar ta taso tana ce mata Yaya. Amma labarin zuciya a tambayi fuska. Kullum da yamma sai Rakiyya ta miƙo mini malmalar tuwo ta kan zana, ta ce hannunta ne ya zarce wurin kwasa. Shekara uku hannun nan yana zarcewa da malmala ɗaya tak, ni kuwa ina karɓa ina ci, ina jin kamar in yi kuka.

Ummulkhair tana da shekara tara aka aike ta niƙa wurin Barau mai inji. Abin da ya yi mata ba zai fito daga bakina dalla-dalla ba. Kotu ta kira shi da sunansa, fyaɗe, wannan ya isa. Da ta dawo ba ta shiga gidansu ba, gidana ta faɗo, ta maƙale a bayan rumbu, sai da na yi ta lallashi sannan ta faɗa mini. Ni na je na gaya wa uwarta. Rakiyya ta zo ta ɗauke ta zuwa gida. Ta hura wuta, ta dafa ruwa da bagaruwa, ta yi wa yarinyar wanka, ta gasa mata jiki, ta wanke zaninta tas ta shanya. Haka iyayenmu suka yi, haka muka gani, ni ma da ni ce haka zan yi. Duk wannan hidima bakinta a rufe.

Sai manyan gari suka shigo da maganar sulhu. Aka taru a zauren Liman, Malam Abdulbaqi. Yayyen Barau suka kawo shi, ya cire hula, ya durƙusa gaban Sallau, uban yarinyar, ya ce sharrin Shaiɗan ne, a yafe masa, a rufa masa asiri don Allah don Annabi. Aka yi ta kai da komowa, kwanaki suna tafiya. Sallau dillalin awaki ne a karar Maigatari, mutum mai sanyi kamar ruwan randa, amma ranar da ya gaji ya saɓi 'yarsa a babur sai asibitin Gumel, daga nan sai wurin 'yan sanda. Babbar kotu ta Gumel ta saurari yarinyar, ta saurare ni, ta saurari likita da Liman, ta yanke wa Barau ɗaurin rai da rai.

Da mun san garin nan da kyau, da ba mu ɗauka an gama ba. Dangin Barau suna da yawa, kuma kowace mace a ƙauyen sai ta bi ta injinsu kafin ta tuƙa tuwo. 'Yan mata suka daina kiran Ummulkhair gaɗa. In ta je rijiya sai hira ta mutu, in ta juya baya ta farfaɗo. Shi ne Sallau ya aika wa yayarsa Kande, wadda ke aure a tsallaken iyaka ta wajen Magarya, Allah bai taɓa ba ta haihuwa ba. Kuma don kada a ce ɓoye yarinyar ake yi, sai aka mai da abin riƙo. A gaban dangi Sallau ya ce ya ba Kande ita duniya da lahira. Aka juya ga Rakiyya don a ji ta bakinta, ta ja mayafi ta rufe fuska ta ce, "Ai da ma taki ce, Gwaggo." Me kuke so uwar 'yar fari ta ce? Ni dai a ranar na so in tsoma baki, sai na tuna ba danginsu ba ce ni, maƙwabciya ce.

Ana nan sai labari ya zo cewa dangin Barau sun sayar da gona sun ɗauki lauya, sun ɗaukaka ƙara zuwa Kano. Har sun fara share ɗakinsa. Ranar Rakiyya ta tsaya jikin zana ta daɗe, sannan ta ce mini in mutumin nan ya dawo garin nan, to shi ke nan. Ban tambaye ta mene ne shi ke nan ba, na sani. In Barau ya dawo kan injinsa, Ummulkhair ta bar ƙauyen nan har abada. In kuwa aka bar shi inda yake, maganar ta mutu, ƙila wata rana yarinyar ta sake kwana a ɗakin uwarta. Wannan ƙila ɗin ita ce abincin Rakiyya.

Na matsa wa Sallau sai da ya nemo mana lauyar gwamnati da ke riƙe da shari'ar, Barista Naja'atu. Muka same ta a Gumel wata ranar da ta zo wani aiki. Yarinya ce ƙarama, da a ƙauyenmu take da goyonta biyu, amma in tana magana sai ka nutsu. Rakiyya ta riga ta kitsa mini abin da zan tambaya, don ita ba za ta iya ba: ko a je a ɗauko yarinyar, tunda yanzu ta girma ta yi hankali, ta sake faɗa wa alƙalan Kano da bakinta? Na lura da yadda Rakiyya ta ɗago kai tana jiran amsar. Ba shari'ar kaɗai take so ba, dalilin ɗauko 'yarta take nema.

Barista ta ce a'a. Kotun ɗaukaka ƙara ba ta kiran shaidu, ba ta ganin fuskar kowa. Abin da aka rubuta a Gumel shi alƙalai uku za su karanta, su duba ko alƙalin farko ya yi daidai. Abin da Ummulkhair ta faɗa tana da shekara tara, shi ne maganarta har a gama.

Ta kuma warware mana inda gizo ke saƙar. Yaron da bai kai shekara goma sha huɗu ba, ba a rantsar da shi. Alƙali ya kan yi masa 'yan tambayoyi ya ga ko ya san gaskiya daga ƙarya, in ya gamsu sai ya saurare shi. An yi wa Ummulkhair haka, ina wurin. Da aka tambaye ta me ke samun mai ƙarya, ta ce Allah yana ganinsa ko ya shiga rumbu. Amma fa, in ji Barista, doka ba ta yarda a ɗaure mutum da maganar yaro ita kaɗai ba, ko da alƙali ya gaskata shi. Sai an sami wata shaida daga waje da ta tokare maganar, ta kuma nuna wannan mutumin ne ba wani ba.

Na ce to ai ga ni, ni ta fara faɗa wa. Ta yi murmushi ta ce, "Inna, taki maganar ai tata ce kika ɗauko. Ruwan tulu ɗaya ne, kin dai juye shi a wani ƙoƙo." Ban ji daɗi ba. Takardar likita kuma, ta ce, ta nuna an ji wa yarinyar ciwo, amma kwanaki sun wuce, ga wanka ga wanki, babu abin da ya rage da zai nuna wane ne. Nan Rakiyya ta sunkuyar da kai har haɓarta ta taɓa ƙirji. Barista ta gani, ta ce mata kada ta ɗora wa kanta, iyaye nawa ne suka zo mata da irin wannan, kowace uwa ruwan zafi take fara dafawa.

Saura me? Saura abin da Liman ya shaida, durƙuson Barau a zaure. A kansa komai ya rataya, kuma nan lauyan Barau ya kafa gatarinsa. Wai Bahaushe ko taka shi ka yi shi ne zai ba ka haƙuri, yayyensa ne suka tursasa shi don a zauna lafiya, ban-haƙuri ba amsa laifi ba ne. Bai tsaya nan ba. Wai yarinyar da aka cuta wurin uwarta take gudu, wannan kuwa gidan maƙwabta ta je. Uwar kuma ta zo kotu ko hawaye babu, ko sunan 'yar ba ta iya kira ba, alamar ita kanta ba ta yarda da zancen ba. Saboda haka, wai, maƙwabciyar ce ta kitsa wa yarinyar, don ta taɓa yin faɗa da Barau. Ni ke nan. Na yi faɗa da shi, ban musa ba, yana rage mini gari a niƙa. Wace mace ce a garin ba ta yi ba? Sai dai su a ciki suke yi, ni a fili.

Ranar zaman Kano muka bi motar asuba ta Gumel, ni da Rakiyya da Sallau, duk da an ce ba a bukatarmu. Rakiyya ba ta taɓa zuwa Kano ba, amma ko tagar mota ba ta leƙa ba. Ɗakin kotun da sanyi kamar cikin rijiya. Alƙalai uku a sama, lauyoyi suna ta Turanci, mu muna baya kamar an ajiye buhuna. Na ga Rakiyya ta miƙa wuya tana kasa kunne, sai daga baya na gane sunan 'yarta take jira ya fito cikin Turancin nan, ko ta ji wani ya faɗe shi da ƙarfi. Bai fito ba. Barista ta ce mana ba a kiran sunan yaro a irin wannan shari'a, shaida ta ɗaya ake ce mata. Na ce ashe su ma alƙalan kunyar 'yar fari suke yi. Rakiyya ba ta yi dariya ba. Kafin mu gyara zama an tashi, aka ce sai an sa ranar hukunci.

Damina ta faɗi, aka yi shuka, aka yi noman farko, aka yi maimai. Rakiyya ta rame har zobenta yana zamewa. In Sallau ya dawo daga Maigatari ranar Alhamis, ba za ta tambaye shi ko ya ga wani daga wajen su Kande ba, sai dai ta yi ta kewaya inda yake zaune tana gyara abin da ba ya bukatar gyara. Ni nake ɗaga murya ta kan zana in tambaya, ya amsa, ita kuma ta tsaya cak da tsintsiya a hannu. Yarinya tana lafiya. An sa ta makaranta. Ta yi tsawo. Iyakar abin da muke samu ke nan, shi ma ba kowane mako ba.

Gero ya fara fitar da kai sa'ad da Barista ta bugo wa Sallau waya. Ya kira ni don in ji da kunnena. Ta ce an kori ƙarar Barau, alƙalan uku bakinsu ɗaya. Sun ce alƙalin Gumel ya gwada hankalin yarinyar yadda ya kamata, kuma maganarta ba ta yi karo da juna ba duk juyin da lauya ya yi mata. Sun ce gaskiya ne ana ba da haƙuri ba tare da laifi ba, amma wanda bai yi komai ba ba ya ɗora wa Shaiɗan, ba ya kuma roƙon a rufa masa asiri, don haka shaidar Liman ta tokare ta yarinyar. Game da uwar kuwa, sun ce babu dokar da ta tsara wa yaron da aka cuta ƙofar da zai fara shiga, kuma shirun uwa a kan 'yar farinta al'ada ce da kowa ya sani a ƙasar nan, ba shakka ba ce.

Na rangaɗa guɗa har sai da kajin gidan suka watse. Rakiyya ta ce alhamdu lillahi, ta koma kan turminta.

Da na ga kwana biyu babu wanda ya ɗauko zancen, na tare Sallau na ce to yaushe za a je a ɗauko ta? Ya yi ta murza hularsa. Ya ce Kande ce ta goya shi bayan rasuwar mahaifiyarsu, kuma bakin da ya ce na ba ki duniya da lahira, da wane ido zai koma ya ce ba ni? Na ce wa Rakiyya to ke fa? Ta ce ita wace ce da za ta buɗe baki a kan 'yar fari, a gaban yayar miji? Na ce musu alƙalai uku sun yi nasu, ku biyu kun kasa naku. Abin da na iya samu shi ne a aika wa Kande ta zo da yarinyar kasuwar Maigatari ranar Alhamis, a gaya musu labarin baki da baki.

Muka same su a rumfar wata mai fura, kusa da tashar motocin tsallake. Da farko ban gane Ummulkhair ba. Ta kamo uwarta a tsawo, an yi mata kitson can, hannunta da lalle. Kande ta riƙe ta da kyau, wannan ko maƙiyi ya shaida. Yarinyar ta durƙusa ta gaishe ni, ta gai da ubanta, ta gai da uwarta ido a ƙasa. Rakiyya ta amsa tana kallon buhunan barkono. Kande ce ta cika wurin da zance, yadda 'yarta ke zuwa ta ɗaya a lakwal, wato makarantar bokon can, yadda ta iya dambu. 'Yata, 'yata, kowace jimla da ita.

Sallau ya faɗi hukuncin a taƙaice, irin na maza. Ni na ƙara da cewa alƙalai uku, manya, a Kano, sun karanta abin da ta faɗa tun tana ƙarama, sun ce gaskiya ta faɗa. Na zaci za ta yi murna. Ta gyaɗa kai kawai, kamar an ce mata gobe Juma'a. Can sai ta ɗago, ta dubi uwarta ido cikin ido, abin da ban taɓa ganin ta yi ba.

"Yaya, ke fa? Kin yarda da ni?"

Har mai furar sai da ta daina damu. Yarinyar ta ci gaba. Ta ce ranar an yi mata wanka ba a ce mata komai ba. An je kotu ba a ce mata komai ba. Sannan aka ba da ita. Ita duk shekarun nan ta ɗauka fushi ake yi da ita, ta jawo wa gida abin kunya, shi ya sa ba ta taɓa cewa Gwaggo ta kawo ta gida ba.

Wallahi ban taɓa jin abin da ya soke ni kamar wannan ba. Mu muna can muna fama da lauyan Barau, ashe yarinyar ma irin karatun da ya yi wa shirun nan ta yi masa.

Rakiyya ta miƙa hannu ta kama wuyan hannun 'yarta, a tsakiyar kasuwa, a gaban miji da yayar miji. Ta ce, "Tun kafin ki buɗe baki na yarda da ke. Ban kwana ɗaya ban neme ki a kan tabarmarki ba." Sannan ta juya ta zube gwiwa biyu a gaban Kande, hawaye na sauka, ko mayafi ba ta ja ba. "Gwaggo, na yi rashin kunya, ki yafe mini. Da na ce taki ce, baki ne ya faɗa. Ki ba ni ita."

Sallau ya kau da kai. Kande ta dubi Rakiyya a ƙasa, ta dubi yarinyar, ita kuwa yarinyar ba ta zare hannunta daga na uwarta ba. Wannan Kande ta gani, na ga lokacin da ta gani. Ta ce wa Rakiyya ta tashi, mutane na kallo. Ta gyara wa Ummulkhair ɗankwali, ta ce kayanta za ta aiko da su wani makon, ta riƙa karatu, kada ta yarda a zaunar da ita a gida. Ta ce wa Sallau ya tabbata an sa ta makaranta, in ba haka ba ita da shi ne. Ba ta yi kuka ba, ta ma yi ta faɗa a kan ana ɓata mata lokaci ba ta yi cefane ba.

Ta rako mu har motar garin Sule Tankarkar, mai bi ta wajen ƙauyenmu. Ummulkhair ta zauna tsakanina da uwarta, an matse mu da buhun gishiri. Ni da na fi kowa son wannan rana, na kasa yin guɗa. Da motar ta tashi na waiwaya. Kande tana tsaye inda muka bar ta, kwandon cefanenta babu komai a ciki, kwandastan motar Magarya yana ta kiranta, ita kuwa ba ta juya ba.